Tsokar Goshin Dukushi

Goɗiyar Arkesilas ta haihu da sassafe, ta ƙi ɗanta. Ya taso yana rangaji zai kama nono, ta harbe shi.

Arkesilas ya tsufa cikin dawaki, ya san dalili ɗaya ne ke kawo haka. Kowa a ƙasar Tesaliya ya san ana haihuwar dukushi da wata baƙar tsoka a goshi, kamar busasshen ɓaure. Uwar ce ke cizge ta ta haɗiye, sannan son ɗan ya shige ta. In wani ya riga ta, ta ƙi ɗan ke nan. Masu rigan ta kuwa matan nan ne masu saiwoyi, waɗanda ke dafa tsokar su mallake namiji.

Ya shafa goshin dukushin. Yankan wuƙa ne, sumul, babu shatin haƙori.

Ya kira Doromon, tsohon bawansa mai kula da barga. "Kai, wa ya shigo nan?"

"Ni dai ina rijiya, maigida."

"Ban tambaye ka inda kake ba."

Doromon ya sosa ƙeya. "Idona ya tsufa. Na ga kamar gefen mayafi ya gifta. Wataƙila kuma jelar doki ce."

"Doki mai takalmi?" Arkesilas ya nuna sawu a ƙasa.

"To, ni ba na karanta sawun mata. Ina son in mutu da hankalina."

Mace ɗaya ce a gidan, Mirtis matarsa. 'Yarsu Timareta tana aure a garin Larisa. Uwar Mirtis kuwa har ta mutu ana raɗa cewa tana cikin masu sauko da farin wata daga sama da waƙar tsafi. Arkesilas bai taɓa bari an faɗi haka a gabansa ba. Ya taɓa fasa wa wani baki a kasuwa a kan wannan magana.

Aka gwada wa dukushin nonon akuya a tsumma, ya ƙi. Aka ɗaure goɗiyar aka rufe mata ido, ta ƙanƙame nonon. Doromon ya ce in an sami tsokar aka ba goɗiyar tun ba ta bushe ba, za ta karɓe shi. In ba haka ba, jibi sai dai a haƙa rami. Dukushin ne kuma ɗa na ƙarshe daga ingarman da Arkesilas ya gada wurin ubansa, ingarman kuwa ya mutu bara.

Da rana ta yi tsaka Mirtis ta kawo masa gurasar sha'ir da cuku da zaitun. Ya dube su, bai taɓa ba. Sai ya ga abubuwan da bai saba gani ba: ganyen da ke rataye bisa murhu, ƙaramin tulun da aka toshe da kakin zuma, tsinin wuƙar tagulla a ƙarƙashin kwandon ulu.

"Abincin ya yi maka laifi ne?" in ji ta.

"Me ya kai ki barga?"

"Au, yau kuma barga ta zama ɗakin gunki, sai da izini?"

"Uwar Timareta, ina tsokar?"

Ta zauna ta ɗauki mazari. Ta shiga kaɗi. "Surukinka Likon ya tare gidan wata mai busa sarewa. Wata uku bai taka ƙofar 'yarka ba. Ka sani?"

"Sai in je in karya masa ƙafa."

"Ka karya, ya sake ta daga kwance. Ku maza maganinku ke nan, sanda."

"Wa ya koya miki yankan?"

"Wa ya koya maka ɗaurin linzami?"

Wani abu ya faɗo masa. Shekarar da ya bijire wa ubansa ya ce shi sai Mirtis, a shekarar ma wata goɗiya ta ƙi ɗanta a wannan barga. Uwar Mirtis ce ta ba shi ruwan inabi a ƙofarsu ranar da ya fara ganin yarinyar. Har yau yana jin ɗacin nan a harshensa.

"Ni ma haka aka yi mini?"

"Shekara talatin kana cin abincina, ka yi ƙiba, sai yau za ka tambaya?"

"Ba amsa ba ce."

"Ita ke gare ni."

Daga barga aka ji kukan dukushin, siriri, bai kai na safe ƙarfi ba. Arkesilas ya miƙe, ya tsaya a kanta.

"Ki ɗauko. Ki bar ni da Likon. In dukushin nan ya mutu, zuriyar dokin ubana ta ƙare, kuma ke kika kashe ta."

Mirtis ta ajiye mazarin, ta dafa bakin ƙaramin tulun nan da tafin hannunta, ta dube shi ido cikin ido.

"Ba zan ba ka ba."