Ranar da Aka Buɗe Ƙofa

Hajiya Rahma ta sha faɗa wa mijinta cewa gidan nan ne zai kashe shi. Shi kuwa Alhaji Ya'u sai ya ce ai gara gidansa ya kashe shi da ya mutu a gidan haya. Taurin kai dai, ba a magana.

Gidan tsohon ginin gwamnati ne a Nassarawa GRA, wanda ya saya da ya bar aiki, da makeken fili a baya cike da mangwaro. Filin nan ne ya tsone wa wani ɗan kasuwa ido, Alhaji Badaruddeen. Rana tsaka ya ɓullo da tasa takardar mallakar, ya ce rabin bayan nasa ne. Aka tafi kotu. Alƙali ya ba da oda cewa kada kowa ya shiga ko ya taɓa komai, a bar Alhaji Ya'u a cikin abinsa har a yanke hukunci.

To, amma Alhaji Ya'u ya san garin nan. Ya ce takarda ba ta gadi. Ya sa sarƙa a babbar ƙofa, kowa sai ta ƙaramar, ya kafa kujera a gindin mangwaro ya zauna. Biki ba ya zuwa, suna ba ya zuwa, masallacin ma na bakin layi ne, yana sallamewa ya dawo. Shari'a kuwa yau a ɗaga, gobe alƙali ya yi tafiya, har jikokinsu suka shiga makaranta.

Da ciwon ƙoda ya kama shi, likita ya ce sai an kwantar da shi. Ɗansu Nabil ya zo daga Abuja da mota, ya durƙusa yana roƙo. Rahma ta yi kuka, ta yi fushi, ta ce ita za ta zauna ta tsare masa gidan. Ya dube ta ya ce mace ba ta tare tifa. Maganar ta ƙona mata rai, ta kwana biyu ba ta ce masa uffan ba, kuma har yau tana nadamar kwanakin nan.

Da safiyar wata Laraba ya cika, a ɗakinsa.

Makara ba ta wucewa ta ƙaramar ƙofa. Rahma da hannunta ta ciro makullin babbar ƙofa daga ƙarƙashin matashinsa ta miƙa wa Nabil. Aka kwance sarƙa, aka buɗe ƙofa wangale, aka sallace shi a waje. Maza suka bi shi maƙabarta kakaf, har da Sule mai gadi, don wa zai hana mutum raka ubangidansa? Babu wanda ya tuna ya rufe.

Tana zaune cikin mata da carbi a hannu ta ji rurin mota. Ta leƙa ta taga. Tifar bulo ce ke shigowa da baya, ga leburori da diga da shebur, wani yana jan igiya daga katanga zuwa katanga, ta gaban kujerar Alhaji.

Ta fita ba takalmi, ta ce musu akwai odar kotu. Shugabansu ya rusuna ya yi mata gaisuwa, sannan ya ce su aiki aka ba su. Ta kira lauyansu a waya. Ya ce oda tana nan daram, sai dai a shigar da sunan magada a kai ƙara, kuma kotu na hutu. Ya ce ta yi haƙuri. Haƙuri!

Kafin masu jana'iza su dawo, an haƙa ramin tushe daga wannan bango zuwa wancan, an jingine kujerar a gefe.

Maza suka shigo yi wa mata ta'aziyya, ƙafafunsu duk jar ƙasa. A cikinsu har da Alhaji Badaruddeen, da babbar riga fara, shi ma ya kama makarar a hanya. Ya tsaya a bakin falo ya ɗaga hannuwa.

“Hajiya, Allah ya jiƙan Alhaji, ya sa ya huta.”

Ana jin ƙarar diga ta taga. Rahma ta so ta tsine masa, bakinta har ya buɗe. Amma addu'ar Ya'u ce, kuma ba ta da ikon mayar da ita.

“Amin,” in ji ta.