Kwafin da Ya Ɓata a Gidan Waya

Littafin ya iso da hantsi, Noreen Pascoe tana shan shayi a kicin ɗinsu da ke garin Hobart. Kauri gare shi kamar bulo. A bango ga hoton Aubrey Tolland, mai tsara kiɗan nan da ya rasu bara a Landan, ya ɗaure fuska yadda ya saba. Tarihin rayuwarsa ne aka rubuta.

Shekara talatin da ɗaya Noreen ta yi tana yi masa kwafi. Shi zai juye kiɗan da ke kansa a takarda da wani rubutu kamar tonon kaji, ya aiko mata ta gidan waya. Ita kuma ta zauna da alƙalami da tawada ta fitar wa kowane makaɗi rabonsa tsaf, na mai goge daban, na mai sarewa daban. Ta so shi, so kuwa ba na wasa ba, amma ba ta taɓa buɗe baki ba. Shi ma wasiƙunsa ba su wuce "Na gode, a hanzarta" ba. Abu ɗaya take nema a wannan littafi: ko ya taɓa ambatonta a wani wuri.

Ƙarshen littafin ta fara buɗewa, inda ake jera sunaye. Ta bi da yatsa har sau biyu. Ga likitan haƙorinsa, ga karensa ma, amma babu Pascoe.

Yayarta Beryl, wadda ke shafa wa burodi man shanu, ta leƙo ta saman tabarau.

"Yaya dai? An sa ki?"

"Ba a sa ba."

"Ai na faɗa miki. Kin ƙarar da idonki a kan ɗige-ɗigen mutumin nan, ga shi kare ya fi ki daraja. Sha shayinki kafin ya huce."

Noreen ta shiga juya shafukan hotuna na tsakiya, don dai kada Beryl ta ga idonta. Can sai ta tsaya cak. Hoton wani shafin kiɗa ne, an rubuta a ƙarƙashinsa wai ga rubutun hannun marigayi. Marubucin har ya ɗauki rabin shafi yana yabon laushin wannan hannu, wai a nan ake gane taushin zuciyar da Tolland ya ɓoye wa duniya.

"Beryl, zo ki gani. Wannan ai hannuna ne."

Beryl ta duba, ta ƙyalƙyale da dariya. "Kai, masu ilimi! Aubrey da ko adireshi ba ya iya rubutawa a miƙe? Ɗauko takarda yanzu ki rubuta wa marubucin nan, ya san ya yi abin kunya."

Noreen ta gane shafin sarai. Kiɗan goge huɗu ne da ta kwafa a wani hunturu mai tsanani. Ta aika, bayan mako biyu ya rubuto cewa kwafin ya ɓata a gidan waya, ta sake wani. Mako uku ta yi tana sakewa, yatsunta na sanƙarewa, tana zaginsa a zuci.

Ta ci gaba da karantawa a hankali. Marubucin ya ce an sami waɗannan shafuka arba'in a aljihun teburin da ke gefen gadon marigayi, naɗe cikin ƙyalle, gefensu ya yi laushi don yawan juyawa. Dole marubucin ya ɗauka rubutun Tolland ne. Kwafi ai na makaɗa ne, su zane shi da fensir, su zuba masa shayi, in ya yage a jefar. Babu mai tsara kiɗan da ke ajiye kwafi.

Kewarsa ta taso mata gaba ɗaya, irin wadda ba ta ji ba ko ranar da aka gaya mata rasuwarsa.

"To, ga biro," in ji Beryl. "Ki gaya masa gaskiya."

"Ba zan rubuta ba."

"Saboda me kuma?"

Noreen ta ɗora tafin hannunta a kan hoton.

"Aubrey ya ce mini kwafin ya ɓata, Beryl. Shekara ashirin da shida, ashe yana gefen gadonsa."