Hannun Herminia a Kan Ƙofa

Ranar Talata aka sayar wa masana'antar mataji tsofaffin finafinan wani kamfanin fim gaba ɗaya, domin a narkar. Tun da fim ya fara magana, babu mai neman na bebaye. Evaristo Lombardero ya gani a jarida, ya ɗauki hularsa, ya hau bas zuwa Avellaneda, inda masana'antar take.

Matarsa Herminia, wadda ta rasu bara, ta fito a talatin da ɗaya daga cikin finafinan. Ita ce 'yar aiki, ita ce gwaggo, ita ce maƙwabciyar da ke leƙe ta taga. Shi kuwa shi ke rubuta katunan da ake sakawa tsakanin hotuna, don 'yan kallo su san me aka ce. Ya rubuta wa jarumai waƙe, ya rubuta wa ɓarayi hikima, har doki ya taɓa rubuta wa. Ita ko kati ɗaya bai rubuta mata ba.

"Haba Malamin littattafai," takan ce, "ka ba ni layi ɗaya mana. Ko 'Sannu da zuwa' ne."

"'Yar aiki ƙofa take buɗewa," yakan amsa. A lokacin gani yake ya yi gwaninta.

A masana'antar ya tarar da Genaro, shugaban ma'aikata, yana shan shayin mate kusa da wata ƙatuwar tukunya mai wari.

"Matata tana cikin gwangwanayen fim ɗin nan," in ji Evaristo.

"Tauraruwa ce, Baba?"

"Tana buɗe wa taurari ƙofa."

"To ai ka makara. Tun da safe muka zuba na ƙarshe. Jarumai da 'yan aiki, duk tukunya ɗaya. Gobe kowa zai taje kai da su." Genaro ya dubi sanƙon tsohon. "Ban da kai."

Evaristo bai yi dariya ba. Ya durƙusa yana tona tarkacen da suka zube a ƙasa, yana ɗaga kowane guntun fim ga hasken taga. Gashin baki. Bindiga. Teku. Can ya samu wani, tsawonsa bai kai yatsa ba: ƙofa a buɗe rabi, da hannu a kan mariƙinta. Ya san hannun, da tabon ƙunar dutsen guga a wuyan hannun. Fuskar tana cikin tukunya.

"Ɗauka, kyauta ne," in ji Genaro.

Ya sa shi a aljihu. Shekara ashirin yana zama gefenta a silima, yana kushe kowa da ƙarfi don a san ya yi karatu. Bai taɓa gaya mata ba cewa da zarar ƙofar nan ta buɗe, ba ya ƙara ganin kowa a fim ɗin sai ita.