Fuskar Sainaba Tsakanin Safa da Marwa

Shekara takwas ina tura keken marasa ƙarfi tsakanin Safa da Marwa, ban taɓa ɗaukar wadda ta hana ni sakat kamar Hajiya Sainaba ba. 'Yar Kerala ce ta ƙasar Indiya, gwiwoyinta sun ƙi, amma wuyanta bai gaji da waiwaye ba.

"Yalla, Yusha'u, yi sauri," in ji ta da gurgun Larabcin da ta koya a aikatau a gidajen Larabawa. Da na ƙara sauri sai ta ce in raɓa jikin bango. Da ta hango ayarin mutanen garinsu sai ta dunƙule kamar an watsa mata ruwan sanyi.

A zagaye na uku haƙurina ya ƙare. Na ce, "Ya Hajja, wa kika kashe?"

Ta yi dariyar da ba daɗi. Ta ce a wajejen shekarar dubu biyu manyan finafinan ƙasarsu sun yi ta faɗuwa, gidajen silima suna rufewa. Sai aka koma ƙananan finafinan batsa, masu araha, a gama ɗauka cikin mako biyu. Su suka riƙe silimomin har aka farfaɗo. Ita ce tauraruwarsu, fuskarta ce a bangon kowace tasha.

"Rawa na yi, da kaya masu shara-shara, ban musa ba," ta ce. "Amma abin da suke zuwa kallo ba ni ba ce. Bayan hukuma ta tace fim, sai a liƙa guntayen tsiraicin wasu mata a tsakiya. Wa zai yarda? Shekara goma sha biyar ina cikin niƙabi. Yau ina cikin harami, dole fuska a buɗe."

Wallahi tausayinta ya kama ni, haushina ya koma kan kaina. Na shiga tura ta ina kare ta da kafaɗa.

A zagaye na biyar na lura da wani dattijo siriri mai furfura yana bin mu. In na tsaya ya tsaya. Na harare shi, ko a jikinsa. Ita ma ta gan shi, ta juya fuska wajen bango.

Muna isa Marwa a zagaye na bakwai ya sha gabanmu. Na riga na buɗe baki zan wanke shi tas, sai na ga ya durƙusa. Ya yi ta magana da yarensu, hawaye na bin gemunsa. Ta ba shi amsa a gajarce. Ya tashi ya shige cikin jama'a.

Na ce, "Zagin ki ya yi?"

"Mai haska fim ne a silimar garinmu. Shi ke liƙa guntayen da hannunsa. Gafara yake nema."

"Kin yafe?"

"Na ce na yafe nawa. Na mahaifiyata kuwa, ta rasu tana zaton jikina ne."

Na kama keken zan fice da ita da gudu kamar yadda ta so tun farko. Ta dafa hannun keken.

"A hankali, Yusha'u," ta ce, ta ɗago kanta. "Bi ta tsakiya. Akwai mutum ɗaya a nan da ya san ba ni ba ce."