Gezar bayan masana'anta

Ƙarar keken ɗinki ce ta hana Anti jin buɗe ƙofa. Sai da ta gama hannun rigar da ke gabanta ta leƙa falo, ta ga kujerar Baba babu kowa. Takalmansa na nan a bakin ƙofa. Sandarsa ce ba ta nan.

Baba mahaifin mijinta ne. Tun da mantuwa ta fara kama shi suka ɗauko shi ya dawo wurinsu. Mijin direban babbar mota ne, yakan yi kwanaki a hanya, don haka tsohon a hannunta yake. Ta duba banɗaki, ta duba bayan gida, har ƙarƙashin matakala ta leƙa kamar mai neman kyanwa. Ta yafa mayafi a karkace ta fita, tef ɗin awo na rataye a wuyanta.

"Mai shago, Baba ya wuce ta nan?"

"Na gan shi ɗazu. Na gaishe shi, ya ce sauri yake, rana za ta yi masa."

"Ba takalmi fa a ƙafarsa! Ba ka tare shi ba?"

Mai shago ya sosa ƙeya. "Wallahi, Anti, yadda yake tafiyar nan, ni ma da ƙyar in kamo shi."

Ta bi titin da ya nuna mata. Motoci na wucewa da gudu, duk wadda ta taka birki sai ta waiga ta duba ko Baba ne a gabanta. Ta ciro waya za ta kira mijinta, ta mayar. Me za ta ce masa, yana kan sitiyari? A mahaɗar hanya mai faci ya ɗago daga tayar da yake dannawa cikin ruwa ya ce wani tsoho ya tambaye shi inda ake samun geza.

"Geza kuma?"

"Ni ma dariya na yi. Na ce masa daji ya ƙare, sai ɗan abin da ya rage a bayan masana'anta. Amma can ɗin ma share shi ake yi yau."

Ba ta tsaya jin sauran ba. Baba ya yi shekara da shekaru yana saƙa kwanduna da kujeru da tsumagun geza, kafin ido da hannu su gaza. Sunayen jikokinsa sun ɓace masa, wannan kuwa ashe yana nan.

Tun daga nesa take jin rugugin katafila. Ta zagaya katangar masana'anta da gudu, takalminta ɗaya ya tsinke, ta kwashe shi a hannu. Rabin filin ya zama jar ƙasa, an ture kututture da saiwoyi gefe guda. Ɗaya rabin kuwa geza ce cunkus, ta fi mutum tsayi, ganyenta ya fara ja. Tsoho zai shige ciki ba wanda ya gan shi, balle mutumin da ke can saman inji.

Ta ɗaga hannu tana ihu. Muryarta ba ta kai ko'ina ba. Ta shiga gaban katafilar kai tsaye tana kaɗa mayafi, sai da bakin ƙarfen ya kusa taɓa ta direban ya ja ya tsaya.

"Baiwar Allah, kin gaji da duniya ne?"

"Akwai mutum a ciki! Surukina ne, tsoho ne, ba ya ji sosai!"

Direban ya kashe injin ya diro. Suka kutsa, rassa na karce mata hannu, tana kiran Baba, ba amsa. Direban ne ya ce ta yi shiru. Can suka ji ƙas, ƙas, ana karya itace.

Yana durƙushe a gindin wata geza, ya tara tsumagu a gefensa, dogaye miƙaƙƙu, duk kaurinsu ɗaya. Yatsunsa na jini. Ya dube ta bai gane ta ba.

"'Yar nan, riƙe min nan. Waɗannan ba su tsufa ba, za su lanƙwasu."

Ta zauna a ƙasa ta riƙe masa reshen, hawaye na zuba. Daga bakin fili shugaban ma'aikata na ta ɗaga murya yana tambayar wa ya ce a kashe inji. Direban ya yi kamar bai ji ba. Ya zaro wuƙa daga aljihu ya yanko wa Baba abin da ya nuna, ya ɗaure damin da igiya, ya tare musu mai adaidaita.

A gida ta wanke masa ƙafa, ta cire ƙayoyi, ta shafa magani. Ya ce a jiƙa tsumagun, ta cika baho ta jiƙa. Da la'asar ya zauna a tabarma ya fara gindin kwando, yatsun na tafiya da kansu. Da ya kai tsakiya sai ya tsaya, ya zuba wa abin ido, ya tambaye ta wa ya fara wannan.

"Kai ne, Baba."

"To," ya ce, ya ci gaba.

Wayarta ta yi ƙara, mijinta ne. Ta dubi tsumagun da suka rage a baho, ba za su kai jibi ba, filin kuma zuwa gobe an gama da shi. Ta ɗauka ta ce, "Ka samu wuri ka faka tukuna, akwai maganar da za mu yi kan inda za ka samo wa Baba geza."