Bangon da Magini Ya Ƙi Rushewa

Magini ya gina bangaye da yawa a rayuwarsa, amma babu wanda ya yi kyau kamar wanda ya gina don ƙeta. Tun da suka yi faɗa da ƙanensa Direba kan rabon gida, ya toshe ƙofar da ke tsakanin sassansu da bulo, ya shafe ta da siminti sumul. Tsohuwarsu, wadda ke zaune a sashen Direba, sai ta zagaya ta titi tana dogara sanda kafin ta ga jikokinta.

Direba ya kai ƙara, alƙali ya ce a buɗe ƙofa. Magini ya ce to, ya koma gida ya yi wa bangon fenti.

Aka sake kiransa, wannan karon kan laifin raina kotu.

"Ranka ya daɗe, ai ban ƙi ba," in ji shi. "Simintin ne bai gama bushewa ba."

"Tun bara yake bushewa?" in ji alƙali. "Gobe da safe ma'aikacin kotu zai zo. In ya tarar da bango, za ka tafi inda bangon ya fi naka kauri."

Magini ya koma gida. Gidan yari yana ba shi tsoro ƙwarai, amma ɗaukar guduma a gaban ƙanensa ya fi masa ciwo. Ya zauna a tsakar gida yana hararar bangon. Matarsa ta leƙo.

"Maigida, in haɗa maka da bargo, ko can suna bayarwa?"

Da la'asar sai ga ƙara daga ɗaya ɓangaren: gum! gum!

"Ƙanenka ne," in ji matar. "Ya ce ba za a ɗaure masa yaya a kan bulo ba."

Magini ya kasa kunne. Daga gindin bangon ake duka! Ya miƙe zumbur, ko takalmi bai sa ba, ya zagaya ta titi da gudu. Ya tarar da Direba ya jiƙe da gumi, ya shaƙe guduma a wuya.

"Kai, wa ya koya maka? Daga ƙasa ake fara rushe bango? So kake ya danne ka? Ba ni nan!"

Rabon da ya yi masa magana tun ranar da ya ɗora bulon farko. Direba ya miƙa masa da hannu biyu.

"Ga ta, Yaya."

Magini ya hau benci ya fara daga sama, yana cire bulo ɗaya bayan ɗaya, Direba yana karɓa yana jerawa. Tsohuwa tana kan kujerarta tana kallonsu. Sai da haske ya shigo daga ɗaya sashen ta yi magana.

"Ka ji nisan titin nan ko?"

Kunya ta rufe Magini. Ya ji kam, tafin ƙafarsa har yanzu zafi yake yi.