Ƙaron da Ya Riƙe Gashin Bakin Baba

Babanmu tsohon direban motar safa ne, kuma duk wanda ya taɓa shiga motarsa, ko ya manta komai, ba zai manta gashin bakinsa ba. Kauri gare shi, gefe da gefe a murɗe suna kallon sama. A tasha ma da shi ake kwatance, a ce wa fasinja ya je ya shiga motar Mai Murɗe. Idan yana tunani gefen dama yake murzawa, idan ransa ya ɓaci na hagu. Mu kuwa muna yara, da mun ga hannu ya nufi hagu sai kowa ya kama gabansa.

Sai ciwon daji ya kama shi. Likitoci suka yi iya ƙoƙarinsu, Allah ya taimaka ciwon ya ja da baya, amma maganin da ake ɗura masa ya kwashe sumar kansa, ya kwashe gira, ya haɗa da gashin bakin. Ranar da Mama ta kakkaɓe ragowarsa daga kan matashi, daga nan Baba ya daina leƙa ko ƙofar gida. Abokai su zo dubiya, ya ce a ce musu yana barci. Abin da ya fi ci mini rai shi ne in ga hannunsa ya tashi zai yi murza, ya tarar da fata fayau, ya sauke shi a hankali kamar wanda ya miƙa hannu a gaisa aka share shi.

Ana cikin haka Autarmu ta gama karatun haɗa magunguna, aka sa ranar yaye su a babban ɗakin taron jami'a. Ta zo ta zauna a gefen gadonsa.

"Baba, kujerarka a sahun gaba take fa."

"Uwarki za ta je, yayyenki za su je," in ji shi, fuskarsa na kallon bango. "Ni in je a matsayin wa? Fuska kamar ɓararren ƙwai, wa zai gane ni?"

"To wallahi in ba ka je ba ni ma ba ni zuwa. Su aiko mini da takardar."

Duk gidan mun san ba barazana take yi ba, domin taurin kan nasa ta kwaso kaf. Shekara da shekaru yarinyar nan tana kwana kan littafi, ga shi za a kira sunanta a gaban jama'a ba wanda zai tashi.

Ni ce ta tsakiya, sana'ata kuma gyaran fuskar 'yan wasan fim. Ina tsofar da saurayi, in zana tabo, in dasa gemu a haɓar da ba ta da ko tsiro. Baba bai taɓa ɗaukar wannan a matsayin aiki ba. In an tambaye shi 'ya'yansa, sai ya ce babban injiniya ne, Auta tana jami'a, "waccan kuma tana can tana shafe-shafenta." Na saba ji, amma ban taɓa daina jin zafinsa ba.

Duk da haka na yi ƙundumbala na ce zan yi masa gashin baki. Ai kuwa ya tashi zaune.

"Ni za ki liƙa wa gashin ƙarya? Ɗan wasa kika mayar da ni? Da wane gam ɗin, na gyaran takalmi?"

Ban yi musu ba, na miƙa hannu na ɗauko gwangwanin da ke gefen gadonsa. Mastika ce a ciki, wani ƙaron itace, 'yan ƙwayoyi rawaya-rawaya masu ɗaukar ido. Tun yana tuƙi yake taunarta. Da farko takan farfashe a baki da ɗan ɗaci, daga baya ta haɗe ta yi fari ta zama danƙo, ta bar ƙamshin ɗanyen itace. A faɗarsa ita ke kwantar masa da ƙwannafi, ta wanke haƙori, ta gyara warin baki, kuma ya yi mata talla fiye da mai kayan ƙamshin da ke sayar masa. Ko lokacin jinya da bakinsa ke bushewa, komai ya ci ya ji ɗanɗanon ƙarfe, sai da ya tsare likita har likitan ya ce masa ba laifi ya tauna, ita ce ta riƙa kawo masa yawu.

Na zuba 'yan ƙwayoyi a ƙaramin turmi na daka a gabansa, na juye garin a kwalba, na tsiyaya sifirit irin na goge rauni, na rufe na ɗora a kan taga.

"Ke, me kike yi da mastikata?"

"Gam ɗin ke nan, Baba. Irinsa muke aiki da shi. In ta narke, shi ke nan."

Ya harare ni, ya harari kwalbar, ya koma ya kwanta. Amma washegari Mama ta kama shi tsaye a bakin taga yana girgiza ta yana ɗagawa a haske. Da garin ya narke ya zama ruwa mai kauri kamar zuma, shi da kansa ya buɗe ya sansana, sannan ya aika a kira ni.

"Abin da na yarda ya shiga cikina, ba zan hana shi hawa leɓena ba," in ji shi. "A gwada. Gwaji fa na ce."

Na fara ɗiga masa kaɗan a bayan kunne, don fatar mai jinya ba a yi mata garaje. Ya wuni ya kwana, ba ƙaiƙayi ba ja. Sai na kafa tsohon hotonsa a kan tebur, na shimfiɗa siririyar raga, na shiga ƙulla gashi sili-sili da allura mai ƙugiya. Aiki ne mai cin ido da wuya. Baba da ya ce ba ruwansa ya jawo kujera ya zama mai duba gari.

"Furfurar nan ta yi yawa. Nawa ba haka yake ba."

Mama ta leƙo daga kicin ta ce, "Ƙara masa, 'yar nan. Ni na san abin da na kakkaɓe."

Ranar taron da safe na zaunar da shi a tsakar ɗaki. Na goge leɓen, na shafa gam ɗin siriri, na jira ya fara kama yatsa, sannan na ɗora ragar na danne da ɗanyen ƙyalle. Na cike girar da fensir, na murɗe gefunan, Yaya ya kafa masa hula. Da na miƙa madubi, Baba ya daɗe yana kallo. Hannunsa ya tashi a hankali, ya kama gefen dama ya murza.

"A hankali, Baba!"

Mama ta juya ta fice, wai ta bar wani abu a kan wuta, alhali tun ɗazu ta kashe murhun.

Ɗakin taron ya cika maƙil, fankoki na juyawa amma iskar zafi suke kaɗawa. Kowa idonsa na kan dandamali, ni nawa na kan leɓen Baba, ina kallon gumi na gangarowa, hannuna cikin jaka riƙe da kwalba. Da aka kira sunan Auta ya miƙe tsaye, mutumin da kwanakin baya sai an kama shi, ya riƙa tafi yana faɗin, "Tawa ce! Tawa ce!" Baki ya buɗe har kunne, gashin bakin kuwa ko gezau.

A waje ana shirin ɗaukar hoto sai ga tsohon makanikin tasharsu, shi ma ɗansa aka yaye. Ya hango Baba ya taho da hannu a buɗe.

"Mai Murɗe! An ce ciwo ya kwantar da kai, ashe dai bai isa ya taɓa wannan ba!"

Na sauke ajiyar zuciya. Mutumin da ya yi rabin rayuwarsa yana kallon fuskar nan bai gane ba. Abin da ya rage wa Baba kawai ya yi murmushi ya ja bakinsa, asiri ya rufu.

"Ya taɓa shi mana," in ji Baba, da muryar da yake kiran fasinja. "Tas ya kwashe shi, ko sili bai bari ba. Matso ka duba. A'a, matso sosai, sa tabaranka. Nuna mini inda aka haɗa."

Makaniki ya sa tabarau ya leƙa dama, ya leƙa hagu, ya girgiza kai. Mutane suka fara taruwa. Ni kuwa na nemi in ɓuya a bayan Yaya, sai na ji an damƙi wuyan hannuna an jawo ni gaba.

"Ga mai aikin nan. 'Yata ce. Sili-sili ta ƙulla shi da hannunta, ta liƙa da mastika. Ku kawo mini wanda ya iya irin wannan in gani."

Na sunkuyar da kai a gaban makanikin. Auta na tsaye cikin rigar yaye, mai hoto na jiranta, ta langaɓar da kai tana dariya.

"Haba Baba, yau fa ranata ce."

"Ke ai an ba ki takardarki a hannu," in ji shi, bai saki hannuna ba. "Ita tata shaidar a fuskata take. Bari in gama nunawa."